Kurakuran da Ke Hana Mai Fili Samun Umarnin Dakatarwa a Kan Ƙaramar Hukuma

Na gaji da ganin gonaki da filayen bayin Allah suna salwanta a hannun ƙananan hukumomi saboda kurakuran da tun farko ana iya kauce musu. Sau da yawa mai filin yana da gaskiyarsa, maƙwabtan gonarsa a shirye suke su tsaya masa, amma sai kotu ta ƙi ba shi umarnin dakatar da aiki, kafin a kai ƙarshen shari'ar kuwa an riga an jera shaguna a wurin, an raba wa mutane makullai. Masu tafka kurakuran nan kashi biyu ne: masu filayen kansu, da kuma ƙannenmu lauyoyi waɗanda ba su daɗe da fara zuwa kotu ba. Abin da zan kawo a nan hanyar da nake bi ce a ofishina, kuma akwai abokan aiki da suka riga ni shiga wannan sana'a waɗanda ba su yarda da wasu dabaruna ba.

Umarnin dakatarwa na wucin gadi iri biyu ne, kuma tun daga nan ake fara rikicewa. Akwai na gaggawa, wanda ake nema a bayan idon wanda ake ƙara, alƙali ya saurari ɓangare guda ya tsayar da komai na 'yan kwanaki, a wasu kotuna bakwai, a wasu goma sha huɗu, gwargwadon ƙa'idojin kotun. Akwai kuma wanda ake bayarwa bayan an kira ɓangarorin biyu kowa ya faɗi nasa, shi ne yake tsayawa har ranar yanke hukunci. A shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya ta 1989, Kotun Ƙoli ta bambance su sarai, ta ce na farkon ba a bayar da shi sai da gaggawa ta haƙiƙa, wadda ba mai nema ne ya jawo ta da jinkirinsa ba. A shari'ar Asibitin Obeya ta 1987 kuma ta nuna cewa a wannan mataki ba a neman mutum ya tabbatar da mallakarsa, abin da ake so ya nuna shi ne akwai magana mai nauyi da ta cancanci a yi shari'a a kanta, sannan alƙali ya auna wanda zai fi cutuwa idan aka bayar da umarnin ko aka hana. Sai a duba ko kuɗi za su iya maye gurbin asarar, da halin da mai nema ya nuna, da alkawarin da ya ɗauka na biyan ɗaya ɓangaren idan daga baya ta bayyana bai cancanci umarnin ba. Babu ɗaya daga cikin umarnin biyu da ke cewa fili na wane ne, don haka wanda ya fito daga kotu da takardar dakatarwa yana shelar ya ci shari'a, bai fahimci abin da ke hannunsa ba.

Kuskuren da ya fi kowanne cin filaye shi ne jinkiri, kuma jinkirin namu yana zuwa ne da rigar ladabi, shi ya sa yake da wuyar magani. Ma'aikatan sashen filaye za su zo su kafa turaku a gonar mutum, ko su shafa jan fenti a katangarsa, sai ya nufi gidan mai unguwa, mai unguwa ya tura shi wurin dagaci, dagaci ya ce a bari ya ga hakimi, kansila kuma ya ce, "Baba, ka kwantar da hankalinka, ciyaman ya yi tafiya, da ya dawo zan shigar da kai." Haka za a yi ta kai gwauro a kai mari har wata biyu ko uku, ɗan kwangila kuwa bai tsaya jiran kowa ba, yana ta sauke yashi da bulo. Ban raina sulhu ba, kuma na ga rigingimu da yawa da zauren hakimi ya kashe su cikin mutunci ba tare da an je gaban alƙali ba. Abin da mutanenmu ba su sani ba shi ne kowace rana da suka yi suna zarya ana lissafa ta a kansu a kotu. Alƙali zai tambayi lauya yaushe mai ƙara ya fara ganin turakun, idan aka ce tun bayan girbi, ga shi ana neman umarnin gaggawa da faɗuwar damina, to amsar a bayyane take. Bugu da ƙari, doka ce sananniya cewa ba a bayar da umarnin dakatarwa a kan aikin da aka riga aka gama. Wanda ya zo bayan an rufa kwano ya yi ihu bayan hari.

A kan wannan jinkiri sai ga wani tarko da ya keɓanta da ƙarar hukuma, wato sanarwar niyyar kai ƙara. Dokokin ƙananan hukumomi na jihohi da yawa sun shardanta cewa ba za a shigar da ƙarar ƙaramar hukuma ba sai an rubuta mata sanarwa an jira wa'adi ya cika, galibi wata guda, kuma sanarwar ta ƙunshi sunan mai niyyar ƙarar da adireshinsa da dalilin ƙarar da abin da zai roƙi kotu. Ma'anar wannan ita ce, wanda ya ɓata wata uku yana bin ƙofa-ƙofa, ranar da ya shigo ofishin lauya akwai sauran wata guda a gabansa kafin ƙofar kotu ta buɗe masa.

Wannan tarko ya taɓa kama ni, kuma har yau idan na tuna raina yana ɓaci. Wani dattijo ne ya zo mini da maganar gonar da suka gada a bakin gari, wadda sabuwar hanya ta ratsa ta gefenta, ƙaramar hukumarsu ta ce za ta yi tashar mota a wurin. Lokacin da ya iso an riga an haƙa tushen gini, amma bishiyoyin mangwaron da mahaifinsa ya dasa suna nan tsaye, da rijiyar da ke tsakiyar gonar. Da na ga yadda aikin yake gudu, sai na shigar da ƙara ba tare da sanarwa ba, ina dogaro da cewa idan lauyan hukuma bai ta da maganar ba an wuce wurin, domin tun a shari'ar Hukumar En'e ta Katsina da Makudawa ta 1971 Kotun Ƙoli ta ce hukumar da ba ta kawo wannan kariya a kan lokaci ba ana ɗauka ta yafe ta, kuma ta sake tabbatar da haka a shari'ar kamfanin Mobil da hukumar kare muhalli ta Jihar Legas a 2002. Mun sami umarnin gaggawa, aiki ya tsaya, dattijo ya koma gida da murna. A zama na gaba lauyan hukuma bai ce komai a kan gona ba, abu ɗaya ya miƙe ya faɗa, cewa ba a ba su sanarwa ba. Alƙali ya kori ƙarar, umarnin kuma ya faɗi tare da ita, tunda umarnin wucin gadi ba ya tsayuwa sai a jikin ƙara mai rai. A cikin watan da muka yi muna jiran wa'adin sanarwa aka sare mangwaron, aka cike rijiyar, aka kai gini linta, aka rufa. Abin da aka gina ma shaguna ne, ba tasha ba. Da muka koma da sabuwar ƙara aka ce mana aikin ya kammala, babu abin da za a dakatar. A barandar kotu dattijon ya dube ni, takardar umarnin farko a ninke cikin leda a hannunsa, ya ce, "Barista, ashe takardar da alƙali ya sa wa hannu ma tana mutuwa?"

Saboda haka idan na ga ƙaramin lauya yana shirin yin irin wannan caca da filin wani, ba na sassauta masa. Lauyan ƙaramar hukuma yana iya mance komai a fayil ɗinsa, amma ba ya mance sanarwa, domin ita ce hanya mafi arha da zai ci nasara ba tare da ya buɗe baki a kan ainihin maganar ba. Abin da nake yi yanzu shi ne, duk ranar da mutum ya fara zuwa da labarin turaku ko jan fenti, a ranar sanarwar take fita, ko da ya ce shi sulhu yake so kuma ba ya son ɓata da ciyaman. Ina gaya masa cewa sanarwa ba ƙara ba ce, ba ta wajabta masa zuwa kotu, kuma ana iya rubuta ta da lafazi mai laushi wanda ba zai rufe ƙofar sulhu ba. A ci gaba da zuwa wurin dagaci da hakimi, wa'adin kuma yana tafiya. Kafin a kai ta, a buɗe dokar ƙananan hukumomi ta jihar a ga wanda ta ce a miƙa wa, a kai masa, a karɓo kwafi mai hatimi da kwanan wata da sa hannun wanda ya karɓa. Sanarwar da aka bai wa direban ciyaman ko aka miƙa wa kansila a masallaci daidai take da wadda ba a rubuta ba. Sannan duk wani zaman sulhu da aka yi, ina sa a biyo bayansa da gajeriyar wasiƙa mai cewa mun zauna ran kaza, kun ce a ba ku mako kaza, kun yi alkawarin ba za a ci gaba da aiki ba. Waɗannan wasiƙu su ne za su bayyana wa alƙali dalilin jinkirin idan ranar ta zo.

Idan kuwa katafila ta riga ta shiga kuma babu halin jiran wata guda, nakan fara da ƙarar ɗan kwangilar da mutanen da aka raba wa fulotai, tunda kariyar sanarwa ta hukuma ce, ba tasu ba, in nemi a dakatar da su, sannan in nemi a shigo da ƙaramar hukumar idan wa'adi ya cika. Wasu manyanmu ba sa son wannan hanya, suna ganin alƙali zai iya cewa an bar wanda ya zama dole a shari'ar a waje, kuma maganarsu tana da tushe. Ni dai na fi yarda da ita a kan a zauna ana kallon gini yana tashi. Hanyar da ba na bi ita ce ta ɓoye rikicin fili a cikin ƙarar tauye haƙƙin ɗan Adam don a tsallake sanarwa, domin kotuna suna duba ainihin abin da ake nema, idan suka ga mallakar fili ce gundarin maganar sai su kori ƙarar, a koma gidan jiya.

Kuskure na biyu da ke ƙona mini rai yana cikin takardar rantsuwa, kuma a nan laifin lauya ya fi na mai fili yawa. Mutum zai zo yana cewa gonar ubansa ce da kakansa, babu wanda ya isa ya taɓa ta, sai lauya ya kwashe wannan magana yadda take ya zuba a takarda sakin layi bayan sakin layi, kamar bai taɓa buɗe Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ba. Sashe na 1 na dokar ya damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana. Sashe na 6 ya ba ƙaramar hukuma ikon bayar da haƙƙin mallaka na gargajiya a ƙasar da ba ta cikin birni, har hekta 500 don noma da hekta 5,000 don kiwo ba tare da neman yardar gwamna ba, kuma wannan sashen ya ba ta ikon shiga fili ta yi amfani da shi don amfanin jama'a, ta soke haƙƙin gargajiyar da ke kansa. Alƙali ya san wannan, lauyan hukuma ma ya sani. Gadon da mai ƙara yake tinƙaho da shi yana da matsayi a doka, domin sashe na 36 ya ɗauki wanda yake noma gonarsa a karkara tun kafin 1978 tamkar wanda aka ba haƙƙin gargajiya ko da ba shi da takarda, amma haƙƙi ne da ake iya sokewa idan aka bi ƙa'ida. Don haka abin da ya kamata takardar rantsuwa ta nuna shi ne inda hukumar ta kauce wa ƙa'idar.

Wuraren kaucewar kuwa sanannu ne ga wanda ya karanta dokar. Idan filin yana cikin yankin da gwamna ya ayyana a matsayin birni a ƙarƙashin sashe na 3, ƙaramar hukuma ba ta da hurumin sokewa ko rabawa a wurin, kuma yawancin rigingimun da ke tashi a hedikwatar ƙananan hukumomi da gefen manyan garuruwa a nan maganarsu take, amma sai ka ga lauya bai ko nemi takardar da ta shata iyakar birnin ba. Idan filin yana da takardar shaidar mallaka ta gwamna, nan ma hannun ƙaramar hukuma bai kai ba. Sai maganar ko an ba mai filin sanarwar sokewa a hannunsa, da maganar ko amfanin jama'a ne da gaske. A shari'ar Osho ta 1991 Kotun Ƙoli ta tsaya a kan cewa dole a sanar da mai haƙƙi, kuma karɓe fili daga hannun wani don a miƙa wa wani mutum ya yi harkar kansa ba amfanin jama'a ba ne. Sai dai a yi hattara, fassarar da dokar ta yi wa amfanin jama'a tana da faɗi, ta haɗa da tsara gari da samar da matsuguni, don haka faɗin cewa an yanka fulotai kawai bai wadatar ba, sai an nuna wa aka ba, da sunan me, kuma nawa aka karɓa. Haka nan sashe na 6 ya wajabta biyan diyyar abin da mutum ya raya a filin, ya kuma ce wanda aka karɓe masa gonar noma a ba shi wata a madadinta, sashe na 44 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 kuma ya ce a biya diyya ba tare da ɓata lokaci ba, a bar wa mutum hanyar zuwa kotu.

Maganar diyya tana da nata haɗarin, kuma ƙannena ba sa ganinsa sai ya auku. Idan takardar rantsuwa ta cika da kukan cewa ba a biya diyya ba, ko kuma mai filin ya riga ya rubuta wa ciyaman cewa shi dai a biya shi kuɗinsa ya haƙura, to an miƙa wa lauyan hukuma makami, zai miƙe ya ce mai ƙara da bakinsa ya yarda kuɗi za su share masa hawaye, don haka babu dalilin tsayar da aikin jama'a. Wanda yake son a dakatar da aiki sai ya nuna abin da kuɗi ba za su dawo da shi ba: gidan da iyali suke ciki, bishiyoyin da suka shekara talatin, kaburburan iyaye, gonar da ita kaɗai ce abincin gidan, ko kuma haɗarin a sayar wa mutane da yawa fulotai ta yadda ko an ci shari'a sai an sake sabuwa da kowannensu.

Mafi muni shi ne ɓoye gaskiya. Wanda yake neman umarni a bayan idon abokin shari'arsa wajibi ne ya faɗi komai, har da abin da ba ya taimakonsa, domin alƙali ya amince masa ne a madadin wanda ba ya nan. Na sha ganin an ɓoye cewa wani daga cikin magada ya karɓi wani kaso na diyya ya sa hannu, ko cewa an taɓa kai maganar wata kotu, ko cewa an kawo takardar sanarwa gidan aka ƙi karɓa. Ranar da lauyan hukuma ya zaro takardar biyan kuɗi mai ɗauke da dangwalen yatsan wan mai ƙara, a ranar umarnin yake rushewa, kuma daga nan duk abin da ɓangarenku ya faɗa alƙali da shakka zai saurare shi. Ni ba na rubuta takardar rantsuwa a zaman farko. Nakan sa mai filin ya dawo da 'yan'uwansa, in tambaye su ɗaya bayan ɗaya, a keɓe, ko akwai wanda ya taɓa karɓar ko sisin kwabo ko ya sa hannu a wata takarda a sakatariya. Lauyan da yake jin kunyar yi wa dattijo wannan tambaya a ofis zai ji kunyar da ta fi ta a gaban alƙali.

Daga nan sai iyakar filin. Kotu ba ta bayar da umarni a kan filin da ba a san inda ya fara da inda ya ƙare ba, domin umarni ne da saɓa shi yake iya kai mutum gidan yari. Amma har yau ina ganin takardun da aka rubuta "gonar mai ƙara da ke bayan kasuwa" aka tsaya a nan. A nemo safiyo mai rajista ya auna ya zana taswira. Idan lokaci ya ƙure, a rubuta maƙwabta na gabas da yamma da kudu da arewa da sunayensu, da alamomin da ba sa gushewa kamar kwalbati ko burtali ko tsohuwar kuka, sannan taswirar ta biyo baya kafin ranar sauraron ɓangarori biyu. Masu filayen awon igiya su suka fi faɗawa wannan rami, domin takardar cinikin da ke hannunsu sau da yawa ba ta wuce tsawo da faɗi da sa hannun mai unguwa ba.

Ina kuma ba da shawarar a rage buri a cikin abin da ake roƙo. Alƙali yana jin nauyin tsayar da ginin aji ko ɗakin shan magani, kuma idan aka roƙe shi ya hana ƙaramar hukuma da duk ma'aikatanta kusantar wurin ta kowace fuska, sauƙin ƙi ya fi masa sauƙin bayarwa. Nakan roƙi abu ƙayyadadde: kada a yi sabon gini, kada a rushe wanda yake tsaye, kada a sare bishiya, kada a raba ko a sayar, a bar manomi ya cire amfanin da ya shuka, mu ma a namu ɓangaren ba za mu ɗora ko bulo ɗaya ba. Irin wannan roƙo wani lokaci lauyan hukuma da kansa yake amincewa da shi, a rubuta a matsayin umarnin kotu ba tare da jayayya ba.

Sauran kurakuran ƙanana ne, amma kowannensu ya isa ya ɓata mako biyu, mako biyu kuwa ya isa a kai gini linta. Ana kai ƙarar "sashen filaye" ko ciyaman da sunansa shi kaɗai, alhali ƙaramar hukumar ce doka ta sani a matsayin wadda ake ƙara, ciyaman kuma yana iya sauka gobe wani ya hau kujerar. Ana kai filin da ke da takardar gwamna ƙaramar kotu, bayan sashe na 39 ya keɓe shi ga Babbar Kotun Jiha, kuma tun shari'ar Adisa da Oyinwola ta 2000 aka tabbatar cewa Babbar Kotun tana da hurumi har a kan filin karkara, shi ya sa ni can nake nufa kai tsaye idan hukuma ce a ɗaya ɓangaren. Magaji ɗaya yakan shigar da ƙara da sunansa a kan gonar da ba a raba ba, ba tare da ya nuna yana wakiltar sauran ba. Ana cusa hujjojin doka da ra'ayi a takardar rantsuwa, abin da sashe na 115 na Dokar Shaida ta 2011 ya hana, sai a soke sakin layin. Ana sa manomin da ba ya jin Turanci ya dangwala yatsa ba tare da an rubuta cewa an karanta masa an fassara masa da Hausa ba. Ana kawo hotunan waya marasa kwanan wata. Ana mance alkawarin biyan asara, ko a rubuta shi ba a bayyana wa mai ƙara nauyin da ya hau kansa ba. Wasu kuma suna zaune suna jiran kotu ta dawo daga dogon hutun shekara, alhali akwai alƙalin da ake bari don al'amuran gaggawa.

Samun umarnin kuma rabin aiki ne. Umarni ba ya kama wanda bai san da shi ba, don haka a ranar da aka sa hannu nake bin ma'aikacin kotu da ƙafata a kai wa sakataren ƙaramar hukuma, da ciyaman, da shugaban sashen ayyuka, da ɗan kwangila a bakin aikin, a kuma kai kwafi ofishin 'yan sanda na yankin. Tare da umarnin nake sa magatakarda ya fitar da Fom 48, wato gargaɗin abin da zai biyo bayan saɓa umarnin kotu, a miƙa wa kowane jami'i hannu da hannu, domin idan aka ci gaba da aiki aka zo neman a hukunta shi ta hanyar Fom 49, wato takardar kiransa ya faɗi dalilin da ba za a ɗaure shi ba, tambayar farko ita ce ko an ba shi na farkon a hannunsa. Shari'ar raina kotu tana da tsauri a kan ƙa'ida tunda 'yancin mutum ake magana, kuskure kaɗan a wajen miƙa takarda yana wanke mai laifi. A tabbata kuma an shigar da buƙatar umarni mai tsayawa har ƙarshen shari'a tare da ta gaggawa, an karɓi ranar sauraro kafin kwanakin na farkon su ƙare, in ba haka ba zai mutu da kansa ba tare da kowa ya taɓa shi ba.

Idan hukuma ta yi kunnen uwar shegu ta ci gaba da aiki bayan ta san magana tana gaban kotu, doka ba ta bar mai fili hannu rabbana ba. A shari'ar Gwamnan Soja na Jihar Legas da Ojukwu ta 1986, inda gwamnati ta tura jami'ai ɗauke da makamai suka fitar da shi daga wani gida a Ikoyi alhali shari'a tana gudana, Kotun Ƙoli ta ƙi sauraron roƙon gwamnatin, ta ce wanda ya san magana tana kotu ba shi da ikon ɗaukar doka a hannunsa, ko da gwamnati ce. A kan wannan tushe ake roƙon kotu ta mayar da abubuwa yadda suke kafin a saɓa mata. Sai dai hukuncin yana aiki a kan mai fili kamar yadda yake aiki a kan hukuma. Wanda ya tara matasan unguwa suka tumɓuke turaku da dare, ko suka kori leburori da sanduna, ko ya yi sauri ya zagaye filin da katanga bayan an ce kowa ya tsaya, ya zubar da tausayin da alƙali yake masa, kuma yana iya kwana a hannun 'yan sanda a kan laifin da ba shi da alaƙa da mallakar filin. Abin da nake gaya wa waɗanda nake wakilta shi ne su ɗauki hoto daga nesa, su rubuta rana da lokaci da lambar motar da ta kawo kaya, su kira ni.

Bayan an sami umarni mai tsayawa, sai a juya ga ainihin shari'ar ba tare da sanyin jiki ba, domin a nan ne za a nemi mai ƙara ya tabbatar da mallakarsa ta ɗaya daga cikin hanyoyi biyar da Kotun Ƙoli ta lissafa a shari'ar Idundun da Okumagba ta 1976, daga ciki akwai tarihin gado, da takardu, da daɗewa ana riƙe da wurin ana amfani da shi. A filayen karkara yawancin hujjar tana bakin tsofaffi ne, maƙwabtan gona da waɗanda suka ga rabon gado da idonsu, kuma shari'ar fili tana iya ɗaukar shekaru. Saboda haka a makon da aka ba mu umarni nake rubuta bayanan shaidu a rantsar da su, in roƙi kotu ta gaggauta sauraro, kuma in fara kiran wanda ya fi kowa tsufa a cikinsu.